Katangar dutse da siminti a kan baƙar ƙasar Gadarif: ina neman shawarar magina

Abu Maryam, Gadarif

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Ina gaida iyayenmu da 'yan'uwanmu da ke wannan zaure, musamman waɗanda Allah ya ba sanin harkar gini, domin wurinsu na kawo kukana yau.

Ina da ɗan lambu a bayan gidana a nan Gadarif da ke gabashin Sudan, wanda na fi shekara 6 ina wahala a kansa. Akwai lemun tsami guda 3, gwaiba 2 da jerin zogale, sannan uwargida tana da kunyoyinta na lalo da kuɓewa waɗanda suke rage mana cefane. Da farko dangar kara na yi masa kamar yadda aka saba a unguwarmu, amma kowace shekara gara takan cinye gindinta, awakin maƙwabta kuma su ƙarasa abin da ya rage. Daga baya na ja katangar laka, wadda mutanen nan suke kira jalus, na biya kuɗin yaɓe har sau biyu, amma a daminarta ta biyu, bayan wani ruwan dare na watan Agusta, na fito da asuba na tarar da kusan rabinta kwance a kan kuɓewar.

Yanzu na ƙudura yin katangar dutse da siminti, mai tsawon mita 20 da tsayin mita 1.5, kuma na riga na sayi lodi biyu na baƙin dutse daga wani tudu da ke bayan gari, irin mai nauyin nan wanda idan aka buga masa guduma yake amsawa kamar ƙarfe. Magina biyu na yi magana da su, kuma bakinsu bai zo ɗaya ba. Na farko ya ce a kwaɓa kwano 1 na siminti da kwano 3 na yashi domin ginin ya yi ƙarfi, a haƙa harsashi mai zurfin santimita 40, ya ce nauyin dutsen da kansa zai danne ƙasa. Na biyu ya ce kwano 1 da 6 ya isa, sauran duk ɓarnar siminti ce. Abin da yake ƙara tayar mini da hankali shi ne katangar bulo ta maƙwabcina, wadda bai fi shekara 3 da gina ta ba, amma ta tsage daga sama har ƙasa, tsagar tana bin layin bulo kamar matakala, har hannun yaro yana iya shiga cikinta da bazara.

Tambayata ita ce: wane kwaɓi ne daidai ga irin wannan dutse, wane kauri ya kamata katangar ta yi, kuma buhu nawa na siminti zan tanada? Ina so in fara kafin damina ta sauka. Idan yana da amfani a sani, ina shayar da lambun ne ta wata 'yar hanyar ruwa da take bin gefen iyakar filin, daidai inda katangar za ta tsaya. Allah ya saka wa duk wanda ya taimaka da alheri.

Tsohon Magini, Kasala

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, Allah ya yi wa lambunka albarka. Na fi shekara 30 ina ɗora dutse a kan dutse, mafi yawa a nan Kasala inda muke aiki da dutsen da ke gindin duwatsun Taka, amma na yi aiki a garinku ma, kuma na san ƙasarku. Maganar harsashi zan bar wa masu ilimin boko su yi maka dalla-dalla, sai dai in gaya maka a taƙaice cewa zurfin santimita 40 a baƙar ƙasar Gadarif bai kai ko'ina ba, kuma maginin da ya faɗa maka haka ko dai baƙo ne a garin, ko kuma yana so ya rage wa kansa haƙa. Ni zan tsaya a kan abin da hannuna ya sani.

Katanga mai tsayin mita 1.5 da dutsen da ba a sassaƙa ba kada kaurinta ya gaza santimita 45. Kafin a kwaɓa ko da cokali ɗaya, ka sa a baje duwatsun a ƙasa a tantance su. Manya masu faɗin ciki a ware su domin sahun farko, masu kusurwa mai kyau a ajiye su domin lunguna da ƙarshen katanga, dogaye kuma a kai su gefe guda a hana kowa taɓa su, zan gaya maka dalili. A wanke duk dutsen da laka ta manne masa, domin siminti ba ya kama dutse ta bayan ƙura. Sannan a kafa katako a kowane ƙarshe, a ja igiya biyu, ɗaya ta fuskar waje ɗaya ta fuskar lambu, a fara ɗaga kusurwoyi kafin a cike tsakiya.

Kowane dutse a kwantar da shi a kan gefensa mafi faɗi, yadda zai zauna da kansa ko da babu siminti. Wannan ita ce jarrabawar da nake yi wa yarana: ka ɗora dutsen a bushe tukuna, ka danna shi da tafin hannu, idan ya yi rawa ka juya shi ko ka sa masa ɗan tsinken dutse a ƙarƙashi, sai ya daina motsi sannan ka ɗaga shi ka shimfiɗa kwaɓi ka mayar. Akwai magina masu tsayar da dutse a kan siririn gefensa domin faffaɗar fuskarsa ta kalli waje, aiki ya yi sauri kuma ya burge mai gida, amma wannan ado ne kawai, ba gini ba ne. Haka kuma kada gaɓa ta hau kan gaɓa. Dutse ɗaya ya hau kan biyu, biyu su hau kan ɗaya, domin duk inda gaɓoɓi uku suka jeru a tsaye, ka riga ka zana wa tsaga hanyar da za ta bi.

Dogayen nan da na ce a ajiye, ni maɗauri nake kiransu. Su ne suke ratsa kaurin katangar daga wannan fuska zuwa waccan su ɗaure biyun wuri ɗaya. A sa ɗaya a kowace mita 1 ta tsawo, a maimaita bayan an tashi kamar santimita 50 zuwa 60, kuma kada na sama ya zo daidai kan na ƙasa. Idan dutse mai tsawon santimita 45 ya yi wuya, a sa biyu, ɗaya daga kowace fuska, su wuce juna a ciki.

Ina nanata wannan ne saboda abin da na gani da idona ina yaro mai ɗaukar kwano. Mun yi wa wani mai lambu katanga, maigidana na lokacin yana sauri domin wani aiki yana jiransa, sai ya gina fuska biyu masu kyau, ya ce mu zuba ɓaraguzai a tsakiya a bushe, ya shafe saman da siminti. Ba ta yi shekara 2 ba aka aiko mana. Da muka je, katangar ta buɗe gida biyu a tsawonta, fuskar waje ta kumburo kamar cikin tulu, da na sa hannu a ramin sai tsakuwa ta riƙa zubowa a bushe, ga gidan tururuwa, ga saɓar maciji. Tun daga ranar na gane cewa karin maganar nan ta bango da ƙadangare magini ne ya fara faɗinta. Saboda haka ka tsaya a kan aikinka ka ga ana cika cikin katangar sahu-sahu, ana nutsa ƙananan duwatsu a cikin kwaɓi ana danna su, ba a bar rami ko ɗaya ba.

Kwaɓi kuwa, ni kwano 1 na siminti da 5 na yashi nake yi wa dutse mai tauri, na ƙasa da ke kusa da danshi kuma 1 da 4. Baƙin dutsenku kusan ba ya shan ruwa, saboda haka kwaɓin ya zama mai kauri, wanda idan ka dunƙula shi a hannu zai tsaya, in ba haka ba dutsen zai riƙa iyo a kansa yana zamewa, ruwan siminti kuma ya zubo ya ɓata fuska. A kwaɓa kaɗan-kaɗan, abin da za a ƙarar cikin awa 1, kuma wanda ya fara daskarewa a zubar da shi, kada a ƙara masa ruwa. Kada a tashi fiye da santimita 60 a rana ɗaya. A irin wannan gini kusan kashi ɗaya cikin uku na jikin katangar kwaɓi ne, saboda haka ka tanadi buhu 25 zuwa 30 na kilo 50 domin jikin kawai, ban da na harsashi. Lodi biyu na dutse kuma, idan ba na babbar mota ba ne, ina tsammanin ba za su kai ka ƙarshe ba.

Injiniya Ɗan Gadarif, Fort Sudan

Assalamu alaikum. Ina gaida Baba magini, kuma duk abin da ya faɗa game da ɗora dutse ban da abin ƙarawa. Malam Abu Maryam, a garinku aka haife ni, kuma jimlar ƙarshe ta tambayarka, wadda ka faɗa kamar ba komai ba, ita ce ta fi ɗaukar hankalina. Hanyar ruwan da take bin gindin iyakar filin ita ce babbar abokiyar gabar katangarka, ta fi awaki, ta fi kuskuren kwaɓi.

Baƙar ƙasar Gadarif, da irinta ta yankin Jazira da ke tsakiyar Sudan, yumɓu ce mai shan ruwa ta kumbura, idan ta bushe kuma ta tsuke ta dare. Kai ma ka san yadda fili yake tsagewa da bazara har ƙafar akuya ta faɗa ciki, da yadda tsagar take rufewa bayan ruwan farko. Wannan numfashi da ƙasar take yi yana kaiwa zurfin mita 1 zuwa 2, wani wurin ma fiye, kuma ƙarfin da take turowa da shi idan ta kumbura yana iya ɗaga ginin bene mai hawa ɗaya, balle katanga. Bari mu yi lissafi. Mita 20 sau 1.5 sau 0.45 ya ba mu mita kubik 13.5, kowace ɗaya tana da nauyin da ya haura tan 2, wato katangar gaba ɗaya kusan tan 30 ce. Adadin yana da girma a baki, amma idan aka raba shi a kan tsawon mita 20, kowace mita tan 1.5 kawai take ɗauka, wannan kuwa ba abin da zai hana laka tashi ba ne. Don haka maganar cewa nauyin dutse zai danne ƙasa ba daidai ba ce. Ba banza ba kakanninmu a wannan yanki suka riƙe ɗakin ciyawa mai zagaye, wanda ake kira guɗɗiyya, domin shi idan ƙasa ta motsa yana bin ta ne, ba ya karyewa.

Kuma ba tashin ƙasar ne kaɗai yake fasa gini ba, rashin tashinta tare ne. Idan gefen lambu yana jiƙe kullum saboda ban ruwa, gefen titi kuma yana bushe ƙayau wata 7 ko 8 a shekara, to rabin harsashin yana sama, rabi yana ƙasa, sai katangar ta karkata zuwa waje. Idan kuma wuri ɗaya ne a tsawonta yake samun ruwa, wurin zai ɗago, ka ga tsaga irin ta maƙwabcinka mai kama da matakala. Ina da yaƙinin cewa idan ka duba bayan wurin da tasa ta tsage za ka samu ko dai famfo, ko wurin wanki, ko bishiya.

Abin da nake ba ka shawara shi ne, kafin ka sayi ko buhu ɗaya, ka sa a haƙa ramin gwaji a kan layin katangar, zurfin mita 1.5, ka ga abin da ke ƙasa. Gadarif ba duka ɗaya ba ce. A unguwannin da ke kan tudu ana iya samun tsakuwa ko ruɓaɓɓen dutse a kusa, idan Allah ya sa haka ne, sai a kai harsashin kansa, ka huta. Idan kuwa baƙar laka ce har ƙasan ramin, to a haƙa zurfin da bai gaza mita 1.2 ba, faɗin santimita 90, wato ninki biyu na kaurin katangar. A kwashe lakar a kai ta nesa, kada a mayar da ita. A cike ramin da jar ƙasa mai tsakuwa, wadda masu motoci suke kira radmiyya, a zuba ta sahu-sahu na santimita 15 zuwa 20, ana yayyafa ruwa ana daɓewa sosai kafin a ƙara wani. Kada a yi cikon da tsantsar yashi, domin yashi a cikin ramin laka kamar kwatarniya ce, ruwan sama zai taru a ciki ya zauna yana jiƙa ƙasan harsashin. A kan wannan ciko sai a zuba kankare mai kaurin santimita 25 zuwa 30, kwano 1 na siminti, 2 na yashi, 4 na tsakuwa, da rodi mai kaurin milimita 12, a ƙalla biyu a sama biyu a ƙasa, an ɗaure su da zobba a kowace santimita 20, kuma kankaren ya rufe rodin da santimita 5 ta kowane gefe domin kada ya yi tsatsa. Rodin sama yana da muhimmanci kamar na ƙasa, saboda ƙasar nan wani lokaci turowa take yi, wani lokaci janyewa.

Sannan kada a gina mita 20 a dunƙule. A raba ta gida 4, kowane mita 5, a bar tsaga ta ganganci mai faɗin santimita 2 daga saman kankaren har kan katangar, a cusa mata abu mai laushi irin soson da ake naɗe kayan lantarki da shi. Idan ƙasa ta motsa, kowane yanki zai motsa shi kaɗai, maimakon ya ja ɗan'uwansa su karye tare. Kowane ƙarshen yanki ana gina shi ne kamar kusurwa, saboda haka duwatsu masu kusurwa da za ka buƙata sun ƙaru.

Inda zan ɗan saɓa wa Baba, cikin girmamawa, shi ne kwaɓi. Na maginin farko, 1 da 3, ka ajiye shi gefe, domin yana tsukewa da yawa idan ya bushe, ya rabu da jikin dutse ya bar siraran tsagogi, kuma ba ya lanƙwasa ko kaɗan. Ni na fi son kwano 1 na siminti, 1 na jiƙaƙƙiyar farar ƙasa, wadda ake kira jir a kasuwa, da 6 na yashi. Farar ƙasa tana sa kwaɓi ya yi laushi a cokali, ya riƙe ruwansa a cikin zafi, kuma ya jure ɗan motsi ba tare da ya fashe ba. Ina zuwa Sawakin lokaci-lokaci, tashar da alhazanmu suka daɗe suna hawa jirgi zuwa Jidda. Gidajenta na dutsen murjani da farar ƙasa aka gina su, wasu hawa 2 wasu 3, sun tsaya tsawon zamani a bakin ruwan gishiri, kuma ba su fara zubewa ba sai bayan da aka mayar da harkar tashar jiragen ruwa Fort Sudan a farkon ƙarni na 20, masu su suka tashi, aka daina gyara rufi da yaɓe, ruwa ya samu hanyar shiga ta sama.

Game da lokaci, ina roƙonka kada ka fara yanzu. A watan Afrilu da Mayu zafin garinku yana wuce digiri 40, ƙasa kuma tana kan iyakar tsukewarta, duk abin da aka ɗora mata a lokacin zai sha cikakken kumburinta a ruwan farko. Ka jira damina ta wuce, ƙasa ta sha iska, ka yi aikin tsakanin Disamba da Janairu.

Umm Usman, Mai Wurno

Assalamu alaikum. Ni ba magina ba ce, mai gida ce da ta tsaya a kan aikin katangarta saboda maigidana yana wurin aiki a Saudiyya lokacin da aka yi ta, kuma ƙasarmu a nan gefen Sinnar 'yar'uwar taku ce. Mu da muke ganin madatsar ruwan Sinnar, wadda aka gama a 1925 kuma ginin dutse ce, ba mu shakkar cewa dutse da kwaɓi suna daɗewa idan an yi su da gaskiya. Ina so in ƙara abubuwan da magina ba su cika faɗa ba saboda suna ganin ƙanana ne.

Na farko yashi. Mai amalanke zai kawo maka na kwarin da ya fi kusa ya ce mai kyau ne, alhali yashin da ya biyo ruwa ta cikin baƙar ƙasa cike yake da laka. Ɗan'uwana ne ya koya mini gwajin kwalba: ka zuba yashi ya kai santimita 10, ka cika da ruwa, ka girgiza da ƙarfi, ka ajiye ya kwana. Da safe za ka ga yashin a ƙasa, lakar ta kwanta a kansa kamar kindirmo a kan ƙwarya. Lodin farko da aka kawo mini, lakar ta kai kaurin yatsa biyu, na mayar da shi duk da ɓacin ran mai shi. Idan ta kusa santimita 1, a wanke yashin ko a nemi wani.

Na biyu ruwa, kuma na san wahalarsa a Gadarif, inda mutane da yawa suke saye da ganga daga masu karo, wato amalanken jaki. Ka sa kuɗin ruwa a cikin lissafinka tun yanzu, domin ba na kwaɓi kaɗai ba ne. Katangar tana buƙatar shayarwa safe da yamma har kwana 7 a ƙalla. Ni tsofaffin buhunan garara na sa aka rufa mata, ina fita bayan sallar asuba da buta ina jiƙa su, in sake bayan la'asar, kuma buhun yana riƙe danshi ya rage yawan ruwan da ake kashewa. Wani ɗan yanki na ƙarshe da na yi sakaci da shi kwana 2 saboda rasuwa da aka yi mana, har yau idan na goga yatsa a gaɓarsa gari yake zubowa, sauran kuwa ƙusa ma ba ta shigarsu. Ka kuma ɗanɗana ruwan kafin a kwaɓa, wanda yake da zartsi har ba za ka iya sha ba kada ya shiga siminti, balle a wurin da akwai rodi, kuma shi ne yake fitar da farin gishirin nan a fuskar gini.

Na uku rariya. Kada katangar ta zama madatsa ta tare ruwan sama a cikin lambun. Ka lura da inda ruwa yake gangarawa a daminar nan mai zuwa, ka kafa alama, a bar rariya a wurin mai faɗin da zai isa, a daɓe bakinta da siminti ciki da waje domin ruwan ya yi nisa da harsashi kafin ya taɓa ƙasa.

Injiniya ya faɗi gaskiya, amma na san abin da ya lissafa kuɗi ne mai yawa a wannan hali da ake ciki. Tunda ya ce a raba katangar gida 4, ni ina ganin babu laifi a zuba harsashin gaba ɗaya, a gina yanki ɗaya ko biyu bana, sauran a tare su da danga zuwa baɗi. Haka muka yi, kuma ya fi a rage rodi domin a gama a lokaci ɗaya. Idan za a yi aiki da jir, ka saya wa leburori safar hannu ta roba, ka kori yara daga wurin, domin yana cin fata, idan ya shiga ido kuma sai an wanke da ruwa mai yawa an garzaya asibiti.

Tsohon Magini, Kasala

Injiniya, Allah ya ƙara ilimi. Ban ƙi farar ƙasa ba, da ita na fara koyon aiki. Abin da ya sa na bar ta shi ne wadda ake sayarwa yanzu sau da yawa ta fenti ce, ko wadda ta daɗe a buɗe ta sha iska ta mutu, idan aka sa ta a kwaɓi ba ta ƙara komai sai rauni. Idan ɗana zai samu mai kyau, a jiƙa ta a ganga tun daren jiya ta zama kamar kunu mai kauri, a tace, to na yarda da 1, 1 da 6 daga saman ƙasa zuwa sama. Sahu biyu na farko dai ina nan a kan 1 da 4 na siminti zalla.

Na manta ban faɗi gyaran gaɓa da hular katanga ba. Idan kwaɓin ya fara kamawa, yadda za ka danna babban yatsa ya bar shaida amma bai manne maka ba, sai a bi gaɓoɓin da guntun rodi mai lanƙwasa ana dannawa, su shige ciki kaɗan su yi santsi, a share fuskar dutsen da jiƙaƙƙen soso tun a ranar, domin simintin da ya kwana a kan baƙin dutse ba ya fita da daɗi. Kada a yi gaɓa mai tudu da ta fito waje, tana tare ruwa. A samanta kuma a jera faffaɗan duwatsu ko a zuba hular kankare mai gangara, ta zarce jikin katangar da santimita 4 ko 5 ta kowane gefe, domin ruwan sama ya ɗiga ƙasa maimakon ya bi ta cikinta. Wannan shi ne abin da Injiniya ya gani a Sawakin.

Abu Maryam, Gadarif

Assalamu alaikum. Baba, Injiniya, Hajiya, Allah ya saka muku da alheri, ya jiƙan mahaifa. Na yi shiru kwana 10 ne domin in gwada abin da kuka faɗa kafin in dawo.

Na sa an haƙa ramin gwaji guda biyu. A ƙarshen gabas baƙar laka ce har mita 1.5, kuma a jikin ramin na ga tsagogi suna sauka har kusan ƙirjina, wasu guntayen lakar da aka fito da su suna da gefe mai sheƙi kamar an goge su da mai. A ƙarshen yamma kuwa, wajen da filin ya ɗan hau, mun tarar da tsakuwa da ruɓaɓɓen dutse a santimita 90. Na kuma leƙa bayan katangar maƙwabcina da izininsa, daidai wurin tsagar nan ne matarsa take wanki, ga kuma darbejiya ba ta fi taku 3 daga wurin ba. Gwajin kwalba ma na yi da yashin da aka kawo mini daga kwari, lakar ta wuce santimita 2, saboda haka zan yi ciko da shi a tsakar gida, in nemi wani.

Na bar maganar farawa kafin damina. Hanyar ruwan zan ɗauke ta in mayar tsakiyar lambun, mita 2 daga iyaka, zogalen da ke kan layin kuma zan sare su in dasa rassan a ciki. Lemun tsami ɗaya yana mita 2.5 daga layin, shi ne na fi ƙauna a cikinsu, kuma ina fatan ba sai na cire shi ba. Zan zuba harsashin gaba ɗaya a ƙarshen Disamba idan an fara samun leburori daga yankan dawa, in gina yanki biyu na gabas, sauran su jira kamar yadda Hajiya ta ce. Abin da ya rage mini, Injiniya, shi ne lemun nan, da kuma yadda za a haɗa harsashin tunda gefe ɗaya yana kan tsakuwa, ɗayan yana kan laka.

Injiniya Ɗan Gadarif, Fort Sudan

Wa alaikumus salam. Gefen nan mai sheƙi da ka gani alama ce ta inda laka take gogar laka idan tana kumbura, wato gabashin filinka yana motsi sosai, don haka a can ka kai haƙan mita 1.5. A yamma ka tsaya a kan tsakuwar, ka daidaita ta da radmiyya. Ka sa a bi layin da diga a gano daidai inda ƙasar ta sauya, a kawo ɗaya daga cikin tsagogin ganganci wurin, kuma wannan guda ɗaya ta ratsa har kankaren da rodinsa, kowane ɓangare ya zauna da harsashinsa. Lemun tsamin ka bar shi, ba ya girma kamar darbejiya, sai dai ka yi masa kwanon ban ruwa ta gefen lambu kawai, ka riƙa rage rassan da suka nufi katangar, sannan ka daɓe gindin katangar da siminti faɗin mita 1 ta ciki da waje, da ɗan gangara zuwa nesa da ita. Ramukan gwajin nan biyu kuma ka cike su ka daɓe kafin ruwan farko, kada su sha ruwa su jiƙa maka layin tun ba a fara ba.